Cinikin da Tela ya ci a banki

Maƙwabcina Tela, ko allura zai saya, sai ya yi ciniki har mai shago ya gaji. Bayan shekara ashirin yana haya, ya karɓi bashin gida a banki. Ya dawo yana taƙama wai ya matse manaja. An ce ya biya cikin shekara goma, shi kuwa ya ja abin zuwa ashirin da biyar, biyan wata ya ragu.

Na ce, "Maigida, duka-duka nawa za ka biya?"

"Kai da ko firamare ba ka gama ba, ina ruwanka da lissafi?"

Sai ƙanwarsa malamar makaranta ta ɗauki allin zana yadi, ta buga lissafin a teburin yanka. Da kuɗin ruwa, kuɗin gida biyu ne har da ɗoriya.

Ta ce, "Yaya, ɗaya naka, ɗaya na banki."

Yanzu ko ranar hutu kekensa ba ya shiru. In na leƙa na ce, "Sannu, mai gida biyu!" sai ya ce in jira ya gama biya, zai rama. Kafin ya gama kuwa, zai kai shekara saba'in da uku.