Zuwana Jos Neman Gafarar Istifanus

Katsina zuwa Kano

Ranar Talata, ƙarfe shida saura kwata, ina idar da sallar Asuba na bar gidana a Ƙofar Ƙaura. Hajiya Binta, uwargidana, ta miƙo mani ƙunshin kilishi da shadda yadi biyar da na yanko daga shagona na Babbar Kasuwa.

"Alhaji, in ya ƙi ganinka fa?"

"Sai in aje mashi kayan in juyo. Ni na ja."

Wanda za ni wurinsa Istifanus ne, mutumin Filato. Shekara goma sha ɗaya muka yi muna buga tanis na bibiyu, wato mu biyu a gefe ɗaya na raga, abokan karawarmu biyu a ɗaya gefen. Shi ke tsaron baya, ni ke tsaron bakin raga. Da wasan muka ci muka sha, muka yi aure. Sai aka zaɓe mu zuwa wata gasa a ƙasar waje, irin damar da ba ta zuwa sau biyu. Saura sati uku mahaifina ya rasu, ya bar mani shago da ƙanne takwas. Na rubuta wa Istifanus wasiƙa mai layi uku cewa na bar wasa, ban faɗi dalili ba. Bai samu abokin bugu a kan lokaci ba, aka soke sunanshi. Shekara ashirin da shida ke nan ba mu yi magana ba, sai watan jiya wani tsohon ɗan wasa ya shigo sayen yadi ya ce mani ɓarin jikin Istifanus ya shanye.

Motarmu ta cika ƙarfe shida da rabi. Muka wuce Charanchi, Kankiya, Tsanyawa, Bichi, shinge uku na jami'an tsaro, ba wanda ya riƙe mu. Tara da kwata muna Kano.

Kano zuwa Jos

A tasha na sha shayi da burodi. Na ce wa direban Jos ya aje mani kujerar gaba saboda gwiwata.

Ya yi dariya. "'Aje mani.' Baba Bakatsine ne, wallahi. Ziyara ko kasuwa?"

"Biko," na ce.

"A wannan shekarun? Allah Ya daidaita."

Ban gyara mashi ba. Mun tashi goma da rabi, muka bi ta Kwanar Ɗangora da Tudun Wada, muka ratsa dajin Falgore kowa ya yi tsit don tsoron 'yan fashi. A Saminaka muka tsaya sallah, na sayi gasasshiyar masara na kasa cinyewa. Tun daga Jengre duwatsu suka fara bayyana, iska ta sauya, ni kuwa ina ta jera maganar da zan faɗa ina rushewa. Biyar saura muka shiga Jos. Na kama ɗaki a wani masauki kusa da tasha, na ci dankalin Turawa da ƙwai.

Jos, ranar Laraba

Ƙarfe takwas mai Keke ya kai ni gidan da aka kwatanta mani. Matar Istifanus, Maman Ladi, ta buɗe ƙofa, ta daɗe tana kallona.

"Sada? Kai ne da furfura haka?"

Muka gaisa, ta tambayi iyali ɗaya bayan ɗaya. Ta ce maigidan yana filin wasa, kullum can ake kai shi, ko ana ruwa.

Tun kafin in shiga filin na ji murya mai nauyi ta daka tsawa: "Katsina! Katsina!" Na tsaya cak, na zaci an gan ni. Ashe ba da ni ake ba. Wata budurwa da ke bakin raga ta yi wuf ta tsallaka gefen abokiyarta, ta tare ƙwallo tun bai faɗi ƙasa ba, ita kuma ta baya ta rufe gurbin da ta bari. Salona ne. Da shi aka san ni, ashe sunan garinmu aka laƙaba wa salon.

Mai muryar, Istifanus, yana zaune a kujerar roba, hannun hagu a kwance bisa cinya. Na durƙusa gabanshi duk da gwiwar.

"Istifanus."

Ya dube ni, ya kau da kai, ya ce wa 'yan wasan su ci gaba. Sai da aka gama zagayen nan ya ce, "Tashi, Sada. Kana tare mani fili."

Aka kawo mani kujera. Duk abin da na shirya ya gudu. Na ce, "Na kashe maka tafiyarka. Na zo ka yafe mani."

"Tafiya?" Bakinshi ya ɗan karkace, maganar na fita a hankali. "Na yi fushin tafiya wata shida. Wanda ya daɗe ba shi ba ne. Babanka ya rasu, mutumin da na ci tuwo a zaurenshi, da yake ce mani ɗana, sai bayan shekara biyu na ji a bakin wani. Ka hana ni zuwa ta'aziyya. Ni a wurinka abokin raga ne kawai?"

Ni kunya ce ta hana ni faɗa, kada ya ga kamar ina neman uzuri. Hakan na gaya mashi, hawaye na zuba a gaban yaran mutane.

Ya miƙo hannun dama. "Allah Ya ji ƙan Baba. Ka ga, yau na yi ta'aziyyar."

Da rana, muna cin gwate a gidanshi, ya lissafa mani waɗanda suka fito daga hannunshi: masu horarwa a Bauchi da Lafiya, wata a jami'a, da 'yarshi Ladi, wadda yanzu ita ke riƙe da filin.

"Kai nawa ka koyar?"

"Ko ɗaya."

"Kai, Sada! Sunan garinku na yawo a filina, garin kuwa ba mai bugawa?"

Ladi ta ce, "Baba Sada, in ka samo fili, dogon hutu zan zo da mutum biyu mu yi maku wata guda." Kafin magariba sun ɗaure mani tsofaffin raket na buga tanis goma sha biyu da raga ɗaya a buhu.

Komawa gida

Alhamis ƙarfe bakwai na baro Jos. A wani shinge bayan Saminaka jami'i ya zare raket ɗaya daga buhun yana juyawa.

"Alhaji, wannan na kashe sauro ne?"

"Na wasa ne, ranka ya daɗe. Ka kawo 'ya'yanka Katsina in koya masu."

Ya mayar yana dariya. Na canza mota a Kano ƙarfe biyu, da la'asar sakaliya muna Kankiya, kafin magariba ina gida.

Da safe ban buɗe shago ba. Na tafi wata makarantar sakandare inda na san akwai tsohon filin tanis, na tarar an baza tattasai ana shanya a kai. Shugaban makarantar, Malam Bishir, ya saurare ni har ƙarshe, sannan ya aika aka kawo tsintsiya. Mu biyu muka share kusurwa ɗaya. Farin layin yana nan ƙarƙashin ƙasa, ya dushe amma ana gani.

"Alhaji, mutum nawa za ka iya ɗauka?"

"Huɗu sun isa a fara."

"Zan ba ka arba'in," in ji shi.

Na gode wa Allah da Ya kai ni Ya dawo da ni lafiya, na gode wa Maman Ladi da gwatenta, da direbobin da suka yi haƙuri da gwiwata. Istifanus kuwa ya ce a tanadar mashi kujera a inuwa, da shi za a zo.