Tukunyar Arzika

Duk wanda ya san Arzika ya san bai taɓa gaisawa da mutum yana kallon fuskarsa ba. Kana tambayarsa gida da iyali, shi yana tonon rairayi da babban yatsan ƙafa, ko Allah zai sa wani abu ya motsa. Ni taubashiyarsa ce, uwata da ubansa ciki ɗaya, saboda haka ina da izinin faɗa: mutumin nan ya fi sanin ƙwarin Kalfu a kan mutanenta.

Shekarar babban fari, zamanin soja, da rumbuna suka ƙare, mu mata muka koma haƙar gidan tururuwa muna kwashe ƴar tsabar da suka tara. Ran nan na kafta hauya, sai ga wani abu ya fito, bai kai taƙi ba, jaja-jaja, jiki zobe-zobe kamar tana, ba ƙafa. Ya yi gaba, ya kuma yi baya bai juya ba. Mata suka watse suna ihun maciji mai kai biyu. Na ɗaga hauya, sai na ji an riƙe ƙotar.

"Rabi, mi yay yi miki?" in ji Arzika.

"Jira za ni yi har shi yi?"

Ya tallabe shi a hula ya kai gida, ya cika tukunya da rairayi, ya yayyafa ruwa. Abin ya sa kai ya nutse, ko alama babu.

Daga nan ba mu sake hutawa ba. Wai ba maciji ba ne, ba kuma tana ba. Ya nuna mini ɓawon jikinsa, da ƴan haƙora, da kan nan mai tauri da yake ture ƙasa, da ɗigon baƙi biyu ƙarƙashin fata wai su ne idanu.

"Ƙadangare na," in ji shi, "ƙahwahu ɗai yab bari."

"Ina yab bar su?"

"Ke in cikin ƙasa kike zamne, mi za ki yi da ƙahwa?"

Maganar kai biyu kuwa, sai ya samo gara ya ajiye masa a kowane gefe. Gefe ɗaya ya cafke ya haɗiye, ɗayan ko motsi. Arzika ya ce, "To ga kai." Na ce ɗayan fa? Ya ce, "Wancan irin naki na, ana ganin shi, ba a aiki da shi." Da ba hauya ce kusa da ni ba, da na jefe shi.

Da yunwa ta yi tsanani muka hau babbar mota zuwa Tawa. Kowa da buzu da ƙwarya, shi da tukunya a cinya. A shingen shiga gari wani soja ya ce a buɗe. Ya leƙa, rairayi. Ya dubi hagu, ya dubi dama, rairayi har iyakar gani.

"Baba, an ce maka babu shi a Tawa?"

"Akwai, samari. Amma ba a saba da shi ba."

Sojan ya rufe tukunyar da kansa, ya ce mu kula da tsohon nan.

A Tawa wahalar ta koma kaina. Abin nan ba ya rayuwa sai rairayi da danshi, ni kuwa nake bin layin famfo tun safe don tulu guda. Da farko a kan tukunyar yake alwala, ɗigo ba ya faɗuwa banza. Wannan na yarda. Amma ran da na kama shi yana taimama, butarsa kuwa ya juye ta a tukunya, sai da maƙwabta suka ji mu. Na ce ɗiyana na kwana da ƙishi, shi yana shayar da ƙasa.

Bai yi mini tsiya ba wannan karon. Ya ce, "Na ɗiyanki ban taɓa ba, rabona na. Mu munka hwasa mishi gida, Rabi, muna biɗar tsaba. In ruwa yas sauka in maishe shi inda munka ɗauko shi." Haushi ya kama ni.

Ruwa bai kai ga sauka ba Arzika ya kwanta ciwo. Ciwon bai daɗe ba. Ko a kwance, in aka ba shi moɗa sai ya rage, ya nuna tukunya da haɓa. Ya rasu da bazara, ya bar mini tukunyar.

Na ci gaba da yayyafawa ina zagin kaina, don na daɗe ban ga abin ba, ban kuma yarda in sa hannu ba. Raina na ce mini ya mutu tuntuni, ƙasa zalla taubashina ya yi ta hana wa kansa ruwa dominta. Wannan tunani ya fi ƙishin ciwo.

Da damina ta faɗi na koma Kalfu, na je inda muka haƙa, na kife tukunyar. Shiru. Na durƙusa ina baza rairayin da yatsu, ni da na so sare shi. Sai na ji sanyi ya motsa a tafin hannuna. Ga shi nan, har ya yi ƙiba, marar kunya. Na sauke shi a jiƙaƙƙiyar ƙasa, ya shige bai yi sallama ba. Na zauna nan na yi kukan da ban yi ran jana'iza ba.

Allah ya jiƙan Arzika. Yadda ya sanyaya wa wannan baƙo ƙasa da rabonsa, Allah ka sanyaya masa tasa.