Sautun Mai Malafa

Gosulon Mararaba ne ya koya wa yayana buga gem. Ma'aikacin gwamnati ne, gidansa na Keffi, ofishinsa na Abuja, kuma duk wanda ya taɓa bin hanyar nan da safe ya san mutum kan iya tsufa a mota kafin ya ga Nyanya. Wasu barci suke yi, wasu gardamar siyasa. Shi kuwa sai ya sayo wata 'yar na'ura ta gwanjo mai cika tafin hannu biyu, gilashi a tsakiya, madannai hagu da dama. Magidanci da furfura a gemu, yana danne-danne kamar ɗan firamare. Na yi masa tsiya har na gaji. Ni ce autarsu, ina da lasisin faɗa masa abin da matarsa ba za ta iya ba.

Gem ɗaya ya fi so. Wani ɗan mutum ne a ciki mai hula faffaɗa irin ta Fulanin da ke koro shanu daga wajen Garaku, don haka muka sa masa Mai Malafa. Kogin garinsu ne ya ƙafe, shi kuma ya ɗauki sandarsa ya bi busasshen kwarin, zai je can inda ruwan ke fitowa ya ga abin da ya tare shi. Sai an ratsa daji da kogo da ruɓaɓɓun gadoji, sai an roƙi tsofaffi hanya, an ɓata, an dawo. Tafiya ce ta watanni ga mai aiki.

Ba sayen gem ɗin ya yi ba, loda masa aka yi. Akwai samarin nan masu rumfar gyaran waya a kasuwa, ka ba su memori su zuba maka waƙoƙi da wa'azi da finafinai, in kana so har da gem. Kowa haka yake yi a garin nan. Ban taɓa jin wanda ya kira abin sata ba, har malaman da ake loda wa'azinsu.

Sai ƙodarsa ta lalace. Ƙafafu suka kumbura, fuska ta cika, aka ce sai wankin ƙoda. Ya daina zuwa Abuja. Matarsa na fama da yara da girkin da ba gishiri, ni kuma makarantar da nake koyarwa ba ta da nisa da asibitin, sai ya zama ni ke raka shi. Za a kwantar da shi, a soka allurai a hannunsa na hagu, injin ya yi ta jan jininsa yana mayarwa, awowi ba motsi. Hannun nan ba a lanƙwasa shi. Ranar farko ya ɗora na'urar a ƙirji ya gwada da hannu ɗaya, Mai Malafa ya yi ta tsalle a wuri guda ba ya gaba ba ya baya.

"Auta, matso da kujerarki," ya ce. "Riƙe nan. Ke ce ƙafafu, ni ne tsalle da sanda."

Haka muka fara. Babban yatsana na hagu ke tafiyar da mutumin, nasa na dama ke sa shi tsalle da duka. Na jefa bawan Allahn nan a rami ban san adadi ba. Yaya ya ce ko jakin da aka ɗaure wa ido ya fi ni sanin hanya, na ce to ya nemo jakin. Nas-nas suka saba da mu, wata ma in ta zo duba injin sai ta leƙa ta tambaya ko mun wuce kogon jemagu. A ɗakin nan mutane kan yi shiru su zuba wa silin ido, kuma lokaci-lokaci sai ka ga gadon da ka saba gani da mutum an shimfiɗa wa wani. Mu dai muna da inda za mu. Mun hau tudu har mun fara jin ƙarar ruwa a cikin gem ɗin, alamar kan kogin ya kusa.

A lokacin ne jikin ya fara ƙin wankin. Likitoci suka rage yi masa wasa, suka koma kiran matarsa gefe. Yaya ba yaro ba ne, ya gane. Sai ya shiga abin da mutanenmu ke yi in sun ji jiki ya yi nisa, wato neman yafiya. Ya kira abokan aikinsa ɗaya bayan ɗaya. Ya sa aka kai shi unguwar Yara wurin wani tsohon maƙwabci da suka taɓa sa-in-sa a kan magudanar ruwa. Har Bafillatanar da ke kawo mana nono ya sa aka tsayar, ya ce ta yafe masa tayin wulaƙancin da ya sha yi mata. Matar ta rasa inda za ta sa kanta, ta yi ta cewa ba komai, ba komai, tana gyara ƙwaryarta.

Wani malami abokin marigayi babanmu ya zo dubiya, ya yi masa nasiha irin wadda aka saba, cewa abin da ke tsakanin bawa da Ubangijinsa mai sauƙi ne, hakkin mutane ne ba ya faɗuwa sai masu shi sun yafe. Magana ce da muka ji tun muna yara. Washegari a asibiti na ciro na'urar daga jaka, na matso da kujera, sai Yaya ya ce in mayar.

"Mutane ne suka yi abin nan, Auta. Sun zauna sun zana dajin nan itace bayan itace. Don a saya suka yi, ni kuma ban saya ba."

Na yi dariya, na ɗauka tsokana ce. Da na ga fuskarsa sai raina ya ɓaci. Na ce masa mutanen nan suna can wata uwa duniya, ba su san akwai wani gari Keffi ba, ba su san an haife shi ba, kuma ko ya saya ko bai saya ba cikinsu a ƙoshe yake.

"To ai matsalar ke nan," ya ce. "Mai nono na san inda zan same ta. Su fa?"

Ya ce a nemo masa na gaskiya, katin da masu shi suka fitar, kuma ba zai sake taɓa na lodin ba sai an samo.

Na fara da rumfar da aka yi masa lodin. Saurayin ya dube ni kamar na ce ya sayar min da jirgin sama. "Anti, ai duk abu ɗaya ne. Orijina a garin nan? Wa zai saya?" Ya ce in kawo memori ya ƙara min wasu kyauta. Na shiga mota na tafi Abuja, na zagaya shagunan Wuse ƙafata kamar za ta cire. Aka nuna min kwalaye masu kyalli a naɗe cikin leda, har na ciro jaka, sai wani mai shago da ya ji dalilina ya ja ni gefe ya ce kada in ɓata kuɗina, duk jabu ne, ledar ma a bayan shago ake naɗa ta. Gem ɗin ya tsufa, na gaskiyar ya daina zuwa.

Abin da ya rage shi ne sautu. Wata Hajiya maƙwabciyarmu za ta Umara, mata na ta kai mata sautun jallabiya da turare da dabino, ni kuma na je da hoton kwalin gem a waya. Ta sa tabarau ta duba, ta dube ni.

"'Yar nan, daga Ɗakin Allah za ki sa in wuce shagon 'yan wasa?"

Na ce mata na Yaya ne. Sai ta ce in tura wa jikanta hoton, shi zai raka ta.

Makonnin da Hajiya ta yi a can su ne na ƙarshe da Yaya ke da ƙarfin zama ya yi dariya. Wannan ne ke ci min rai har gobe. Muka koma kamar sauran 'yan ɗakin, shi ido a silin, ni ido a kan injin. Na'urar na cikin jakata, memorin na ciki, kan kogin na nan kusa, tafiyar zama biyu ko uku. Na roƙe shi. Na yi fushi na daina yi masa magana rabin yini. Na ce ai an riga an ba da sautu, niyya ta tabbata, Allah ya gani. Ya ce idan an kawo. Taurin kan gidanmu ne, na san shi, don ni ma ina da rabona.

Hajiya ta dawo da gem ɗin a ƙasan akwati, tsakanin dabino da carbi, kwalin har yana ƙamshin turare. Ta ce sai da suka shiga shaguna da dama a Jidda kafin a samu. Yaya ya juya kwalin a hannu, ya shinshina, ya yi murmushin da na daɗe ban gani ba. Muka cire memorin, muka zura katin, muka kunna.

Sai ga Mai Malafa a ƙofar bukkarsa, a garinsu, a bakin busasshen kogi. Farkon farawa. Babu wanda ya gaya mana cewa duk tafiyar da muka yi a cikin memorin take, sabon katin bai san mu ba. Mun ɗauka kamar sauya wa mota taya ne, a ci gaba daga inda aka tsaya.

Nan take na ga mafita. Na ce to alhamdulillahi, an saya, hakki ya fita, sai mu mayar da memorin mu ƙarasa ɗan abin da ya rage. Har yau ina ganin maganata daidai ce, kuma na tabbata malamai da yawa za su ba ni gaskiya.

Yaya ya girgiza kai. "In kina raka'ar ƙarshe kika tuna ba ki da alwala, alwalar za ki yi ki dawo ki ƙarasa, ko sallar za ki sake?"

Na ce gem ba salla ba ne. Ya ce ya sani, amma shi haka zuciyarsa ta fi natsuwa. Ya sa matarsa ta jefa memorin a murhu da muka koma gida. Ina tsaye ina kallo ya narke, ɗan abu kamar farce, da dajinmu da kogon jemagu da ƙarar ruwan duka.

Muka sake ɗaukar hanya. Yanzu na iya tafiya, ba na faɗawa rami, amma shi yatsansa ya yi nauyi. Zai danna tsalle bayan an riga an faɗa. Wani lokaci barci ya ɗauke shi a tsakiyar faɗa, in ji sandar ta daina motsi, in juyo in ga bakinsa a buɗe. Sai in tsayar da Mai Malafa a gindin wata bishiya in jira. In ya farka ya ce, "Ina muke?" in gaya masa, ya ce, "Hagu, Auta, akwai tsohuwa a bayan dutsen nan." Hanyar duk tana kansa. Ƙarfin ne babu.

Zamanmu na ƙarshe mun iso wani ɗan kwazazzabo, ko rabin inda muka kai a da ba mu yi ba. Tsalle ɗaya ne, wanda a da yake yi yana hira da nas. Na kawo mutumin bakin ramin na tsaya. Yatsan Yaya na kan madannin, ina ganin yana ƙoƙari, madannin bai shiga ba. Na ce bari in danna masa. Ya ce a'a, nasa ne, a bari sai jibi.

Sannan ya ce, "Auta, ke kaɗai ban nema ba. Ki yafe min."

Na ce me ya yi min.

"Na sa ki sake tafiya tun daga farko, kuma na san ba za mu kai ba."

Na ce na yafe. Da gaske na yafe, amma ina jin haushinsa a lokacin da nake faɗa, kuma ina jin son sa, duka biyun a wuri ɗaya, har na kasa ɗaga ido.

Ya rasu da hantsi, kafin ranar wanki ta gaba. Daga cikin gida muna jiyo liman a waje yana tambayar jama'a ko akwai mai wani hakki a kan mamacin. Aka yi shiru, sannan aka ta da kabbara. Matarsa ta kama hannuna ta matse, don ita ma ta san abin da nake tunani.

Bayan arba'in ta kawo min na'urar da kwalin, ta ce yaran ba su san kanta ba, ni ce abokiyar tafiyarsa. Ɗalibaina da suka ji labarin sun ce abu mai sauƙi ne, akwai inda ake samun tafiyar da wani ya riga ya gama, a loda min in ga kan kogin a zama ɗaya. Ni da na yi ta masa faɗa a kan taurin kai, sai na ji bakina ya ce musu a'a.

Ina sa wa na'urar caji duk sanda na tuna. In na kunna, Mai Malafa na nan inda muka bar shi, da sandarsa, iska na kaɗa masa hula. Nakan ja shi baya kaɗan da yatsan hagu, in sake kawo shi bakin kwazazzabon, daidai inda ake tsalle. Madannin dama na nan kusa da yatsana, ban taɓa danna shi ba.