Kwallin da Iya Ta Kawo Daga Zoza

Shekarar da aka kai autarmu ɗakin mijinta a Tudun Kaya, yayar mahaifiyata ta taso daga Zoza da wani tandu ƙulle a bakin zaninta. Iya muke ce mata. Tun ina ƙarami ban taɓa sakin jiki da ita ba, don ba ta shiga gida ta fita ba tare da ta bar abin da za a yi wata guda ana magana a kansa ba. A wannan zuwan kwalli ta bari. Wai na kakarsu ne, kuma duk wanda ya zizara shi zai ga garin mutanen ɓoye, wanda ke shimfiɗe a kan namu, da hanyoyinsu da rijiyoyinsu har da awakinsu.

Lokacin Baba ya shekara biyu da rasuwa. Inna tana gidanmu na Turawa, ni kuwa ina koyarwa a Karaye, sai ranar Juma'a nake leƙowa. Ni ne ɗan fari, saboda haka tsakanina da ita gaisuwa ce da kawar da kai. Ba ta faɗin sunana, ba ta zama hira da ni. In ajiye cefane, ta ce an gode, shi ke nan.

Wata Juma'a na tarar an tashi murhu daga inda na san shi tun tasowata, an mayar da shi gindin rumbu. Da na tambaya, Inna ta ce hanyar mutanen ɓoye ce ta ratsa ta wurin, bai kamata a riƙa watsa musu toka ba. Ina tsaye ta nufi randa, sai na ga ta kauce wa fili, wurin da ko kara babu, tana murmushi tana cewa, "Sannunku da aiki." Abin ya ba ni tsoro, daga baya kuma haushi ya biyo.

Abin da ya fi damuna idonta ne. Yanar ido ta fara rufe shi, har ba ta iya tsintar tsakuwa a cikin wake. Na kai ta asibitin ido a birni, likita ya ce aiki ne mai sauƙi, amma kada a ja lokaci, kuma a daina sa kwalli. Muka dawo gida. Sai bayan kwana biyu ƙanwata, autar nan, ta kira ni a waya da saƙon Inna: idan aka kankare yanar, har mutanen za a kankare, ita ba za ta ba.

Daga nan na shiga zargi, ba wanda na ƙyale. Iya ta daɗe tana son Inna ta koma Zoza don ta sami abokiyar ɓarar gyaɗa, to wace hanya ta fi a bar ta ta makance? Na ɗauki tandun na jujjuya, na ga fatarsa ba ta yi mini kama da ta zamanin kaka ba. Na shinshina. Har ƙanwar tawa na soma yi wa wani kallo, don ta cika tambayar Inna labarin mutanen, kamar mai bin labarin dangi.

Ranar kasuwa na sayi kwalli irin wanda kowace mace ke saya. Da Inna ta tayar da sallar la'asar, na juye nata a takarda, na cika tandun da nawa. Ba zan ɓoye ba, da na koma gida na gwada na takardar. Idona ya yi ta zubar da ruwa, kuma ban ga kowa ba sai matata, tana tambaya ko biki za ni.

Mako uku Inna tana sa kwallin kasuwa, mutanenta kuma ba su fasa zuwa ba. Har suna aka yi a bayan rumbu, in ji ta. Na yi ta jira sai ranar da na tarar da Iya a gidan, na durƙusa na gaishe su, sannan na zaro takardar na ajiye a kan tabarma.

"Iya, ga kwallinki nan. Wanda ke cikin tandu na kasuwa ne, ni na zuba. Inna kuma ba ta daina ganinsu ba."

Na zaci Iya za ta daburce. Ko gezau ba ta yi ba. Ta dube ni sama da ƙasa ta ce, "To, malamin makaranta, ka kama ɓarauniya. Sai me kuma?"

Inna ta ja mayafi ta rufe rabin fuskarta. Sannan ta ce wa Iya, ba ni ba, "Yaya, ki ce masa ya sa ranar aikin idon." Na fita ina jin kaina a sama, ban ko lura cewa a gaban yayarta na ƙaryata uwata ba.

Aiki ya yi kyau. Da muka dawo Turawa ta ƙi in riƙe mata hannu, ta wuce zaure da kanta, ta tsaya a bakin tsakar gida. Ta dubi ɗakin Baba da kwaɗo a ƙofarsa. Ta dubi ɗakin 'yan mata, inda kaji suka mayar wurin kwana, da turmin da ke kife, da igiyar shanya mai zani ɗaya tal. Sai ta juyo ta kalle ni ido cikin ido, abin da ba ta taɓa yi ba tun da na yi wayo.

"Ashe ba kowa," ta ce.

Kunya ta rufe ni, na rasa inda zan sa fuskata. Wata da watanni ina binciken tandu, ban taɓa tambayar da wa take wuni ba, ita kuma ba za ta buɗe baki ta ce wa ɗan fari ya zauna ba. Na kwana biyu a gidan. Ranar Litinin ina da aji, na hau babur, ta rako ni bakin zaure, tana ganina sarai har na sha kwana.