Littafin da Oga Nasiru Ya Bari

Ina kasuwar kifi ta Kado da hantsi, ina cinikin tarwaɗa, sai ƙanin Oga Nasiru ya kira ni ya ce, "Hadiza, Yaya ya cika." Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Kwana biyu kacal ya yi yana jinya.

Shekara shida na yi a ƙarƙashinsa ina koyon aikin jarida. Aikinsa ɗaya ne: bin diddigin masu shigo da ƙwaya da maganin tarin da matasa ke sha su bugu. Yana da wata ɗabi'a da ta sha ba ni haushi. Ba ya rubuta sunan wanda ya ba shi labari, ba ya naɗar murya, ba ya ajiye lamba a waya. Idan na ce, "Oga, kan nan naka fa ba kwamfuta ba ne," sai ya ce, "Ƙanwata, ana ƙwace waya, ana sace littafi. Wanda ya yi magana da ni, ransa ya ba ni ajiya."

Wata rana a unguwar Apo, wani makanike ya fara gaya mana yadda ake cusa ƙwaya a cikin tsofaffin kayan mota, sai na zaro biro. Mutumin ya ja bakinsa ya tsuke. Sai da Oga ya yi wata uku yana kai masa lafiyayyar motarsa gyara kafin ya sake yarda da shi. Ko sau ɗaya bai goranta mini ba.

Wannan binciken ya ci masa shekara biyu, kuma ya ce mini saura ƙiris. Bayan sadakar uku matarsa, Anti Maryam, ta ba ni littafinsa. Na buɗe na fara karantawa. "Mutumin Talata." "A koma wurin wancan." Babu suna ko ɗaya. Makaniken ma ya tashi daga rumfarsa. Oga ya rufa wa mutanensa asiri har kabari, dillalan kuma sun tsira tare da su. Wallahi na ji haushinsa, na kuma ji kunyar kaina.

Jiya wata dattijuwa daga unguwar Lugbe ta zo gaisuwa gidan Oga. Ta ce ɗanta yana kulle a ɗaki, ƙwaya ta taɓa masa hankali. Ta ce, "'Yar nan, marigayin ya ce in labarin ya fito za a rufe shagon layinmu. Yaushe zai fito?"

Ga mutum ɗaya daga cikin mutanensa! Na zaro biro na ce, "Mama, yaya sunanki?"

Ta dubi biron, ta gyara mayafi, ta ce, "Shi bai taɓa tambaya ba." Ta tashi ta fita. Shekara shida, ashe ban koyi komai ba.

Allah ya jiƙan Oga Nasiru, ya yafe masa, ya haskaka kabarinsa. Allah ya ba Anti Maryam haƙuri, ya raya yaran da ya bari. Ɗan matar nan kuma, ban san sunansa ba, amma Allah ya sani. Allah ya ba shi lafiya. Amin.