Igiyar Ƙafar Baya

Jiya ruwan farkon damina ya jiƙa igiyar shanyar iyalina, warin ramar ya bugi hancina, sai na tsinci kaina zaune a zauren kakana a Ƙofar Dundaye. Ka yi haƙuri da rubutuna, mai karatu. Aji uku na yi, biyu daga ciki a kan katanga.

Gidanmu gidan fawa ne. Kakana ya tsufa, ya bar wuƙa, amma bai bar surutu ba. Da hantsi, in shina murza igiya a cinyarsa, sai ya ɗauko labarin wani boka na wata duniya can, inda rana biyu ke fitowa kuma gulbi ke gudu sama. Bokan nan ƙulle kwanaki yake yi. In yini ya yi masa daɗi sai ya ƙulle shi a igiya ya rataye. Da fari ya zo ƙasarsu, ya kwance ƙullin wata tsohuwar damina, anka yi shuka. Da mayaƙa sunka kewaye garin, ya ƙulle masu la'asar guda, sunka tsaya a cikinta har gemunsu ya yi fari. Sharaɗinsa ɗaya: sai igiyar da ta taɓa riƙe abu mai rai.

Kullum ina tambayar ƙarshen bokan, kullum kaka ya ce, "Kai da ka ƙwace mini mata, mi zan ba ka kuma? Sai gobe."

A daminar da nake faɗa maka tari ya kama shi. Na ji babana na gaya wa ƙanensa a soro cewa tsoho ba zai ga kaka ta bana ba. Ban yi kuka ba. Dabara na yi, irin tawa.

Ran nan anka kawo bajimin sa daga kara, kasuwar shanu. Ka san yadda ake yi, igiya biyu ce, ɗaya a ƙaho ɗaya a ƙafar baya, don in ya zabura a fizge shi ya faɗi. Anka ɗaure shi a turke, manya sunka tafi azahar. Na lallaɓa na kwance ta ƙafar, na shige bayan rumbu na yi ta ƙulli. Yini ɗaya nake son riƙewa, wanda kaka ya ci tuwo har ya nemi ƙari.

Da anka zo jan san, ya zabura, ƙanen babana mai riƙon baya ya laluba ƙasa bai sami komai ba. Kaka na zaune bakin zaure. Sa ya bi ta kansa, ya karya masa ƙugu.

Kwana tara ya yi kwance. Anka yi ta zargin ƙanen babana da sakaci, ni kuwa na yi shiru kamar kirki gare ni. A rana ta bakwai kaka ya sa anka fita, ya kira ni.

"Ɗan banza, ƙulli nawa ka yi?"

Na ce bakwai.

"Rowa gare ka. Ni da nike son shekara."

Ya yi dariya har tarin ya sarƙe shi. Bai gaya wa kowa ba. Bayan ya rasu an kai shi, na kwance ƙullin nan ɗaya bayan ɗaya a bayan rumbu, ina leƙen zaure. Tabarmarsa kawai nake gani.

Ƙanen babana ya mutu da sunan mai sakaci, ban wanke shi ba. Yau ne na fara faɗa, ga takarda, da ba wanda ya rage da zai mare ni.

Gidan an raba shi, zauren ya zama shagon cajin waya. Ina zaune unguwar Minanata wurin ɗana. Jikokina suna da nasu bokayen a waya, masu mayar da lokaci baya da yatsa guda, in an kashe su su tashi. Na gwada ba su labarin namu, sunka ce ba shi da hoto. Ƙaramar ce kaɗai ta zauna har tsakiya, ta ce, "Kaka, to ya taɓa dawo da wanda ya mutu?"

Na ce mata ban kai wurin ba.