Takalman Baba a Kan Dutse

Shekarun baya, ina 'yar firamare a Zuru, aka kawo mana kayan mahaifina daga fagen daga: jaka ɗaya da takalman soja. Shi kuwa can aka binne shi. To ni da ban ga kabari ba, wa zai ce min ya mutu in yarda?

Malamarmu ta ga na daina wasa, ta ara min wani littafi. Labarin wata yarinya ce da babanta ya rasu, dutsen garinsu ya tsage, ta shiga ta tarar da shi suka yi ban kwana, ta fito ita kaɗai. Haushin ƙarshen ya sa na cilla shi ƙarƙashin gado. Sai ga fim ɗin labarin a talabijin ɗin maƙwabta, can kuwa uban ya biyo ta har gida. Nan take na yanke hukunci: littafi maƙaryaci ne, fim ke da gaskiya.

Daga nan zama ya gagare ni. Abinci ba ya shiga, karatu ba ya zama. Da an tashi makaranta sai in rungumi takalman in haye dutsen bayan gidanmu, kada Baba ya fito ƙafa ba takalmi. In ƙwanƙwasa nan, in kasa kunne can. Ƙadangaru na gyaɗa min kai, ni ko ina cewa alama ce.

Wata rana mahaifiyata ta biyo sawuna.

"Ɗiyata, mi kike biɗa nan?"

"Baba nake jira, Mama. Dutsen ya ƙi buɗewa."

Na sadaƙar duka zan sha. Sai ta ja hannuna muka gangara gonar kakana, inda Baba ya yi golmo, noman da saurayi ke yi wa iyayen budurwa kafin a ba shi aure.

"Shekara da shekaru yana noma nan, don ni. Waɗanga duwatsun iyaka, shi ya jera su da hannunshi. Ba shi dawowa, ɗiyata. Ni ma na gaji da duban hanya."

Ta fashe da kuka. Sai a ranar na yi kukan mutuwar Baba, kaina bisa cinyarta, takalman a gefe.

Da muka koma gida na zaro littafin, na kakkaɓe shi, na sake karanta ƙarshen. Ashe shi ne bai yaudare ni ba.

Har yau in na je gida sai na zauna kan duwatsun nan, kuma zuciyata takan ɗan yi tsalle in na ga soja a hanya. Fim ɗin ban sake kallonsa ba. Littafin kuwa, Malama ki yafe, yana wurina.